Dred Scott: Bawan da shari'arsa ta sauya ma'anar zama ɗan ƙasa a Amurka

A ranar 6 ga Maris ɗin 1857, Kotun Ƙolin Amurka ta yanke hukunci cewa baƙar fata, bawa ne ko ɗa, ba ɗan ƙasar ba ne. Mutumin da ya kai ƙarar da ta haifar da wannan hukunci shi ne Dred Scott.

An haife shi cikin bauta a jihar Virginia wajen shekarar 1799. Iyayen gidansa, iyalan Peter Blow, sun koma da shi birnin St. Louis na jihar Missouri, inda aka sayar da shi ga wani likitan soja mai suna John Emerson.

Aikin soja ya sa likitan ya tafi da Scott jihar Illinois, daga nan kuma zuwa barikin Fort Snelling da ke jihar Minnesota ta yanzu. Doka ta haramta bauta a wuraren biyu. A can ne ya auri Harriet Robinson, suka haifi 'ya'ya mata biyu, Eliza da Lizzie.

Bayan mutuwar Emerson a 1843, Scott ya nemi ya fanshi kansa da iyalinsa, amma matar marigayin ta ƙi. A 1846 shi da Harriet suka garzaya kotu a St. Louis, suna kafa hujja da cewa zaman da suka yi a yankunan da babu bauta ya riga ya 'yanta su. A baya kotunan Missouri sun sha 'yanta bayi bisa irin wannan hujja.

Sun yi nasara a 1850, sai dai kotun ƙolin jihar ta soke hukuncin bayan shekara biyu. Haka aka yi ta jan shari'ar tsawon shekara 11, har ta kai gaban Kotun Ƙolin ƙasar.

Alƙalai bakwai cikin tara ne suka yanke hukuncin da ya kayar da shi. Alƙalin Alƙalai Roger Taney ya ce tun da Scott ba ɗan ƙasa ba ne, ba shi ma da hurumin shigar da ƙara a kotun tarayya. Ya kuma ce majalisar dokoki ba ta da ikon hana bauta a yankunan da ba su zama jihohi ba. Mai shari'a Benjamin Curtis ya saɓa masa, yana mai tunatar da cewa baƙaƙen fata 'yantattu suna jefa ƙuri'a a jihohi biyar lokacin da aka kafa tsarin mulkin.

Hukuncin ya harzuƙa masu adawa da bauta, ya ƙara rura wutar rikicin da ya kai ga yaƙin basasar 1861 zuwa 1865.

Shi kuwa Scott, a watan Mayun 1857 Taylor Blow, ɗan ubangidansa na farko, ya 'yanta shi tare da iyalinsa. Ya kama aikin ɗaukar kaya a wani otal, amma bai daɗe yana more 'yancin ba, domin tarin fuka ya yi ajalinsa a watan Satumbar 1858.

Shekara 10 bayan rasuwarsa, gyara na 14 da aka yi wa tsarin mulkin Amurka a 1868 ya rushe hukuncin Taney. Gyaran ya tanadi cewa duk wanda aka haifa a ƙasar, kuma yake ƙarƙashin dokokinta, ɗan ƙasa ne, kuma dole kowace jiha ta ba kowa kariya iri ɗaya a gaban doka. Matarsa Harriet ta ga wannan sauyi, domin sai a 1876 ta rasu.