Fasto Martin Luther King, Mai Wa'azin da Ya Ƙi Yin Shiru

An haifi Martin Luther King ran 15 ga Janairu 1929 a Atlanta, ƙasar Amurka, ɗan fasto ne kuma jikan fasto a ikkilisiyar Baftis. A lokacin, dokar jihohin kudu ta raba baƙar fata da farar fata a makaranta, da asibiti, da motar haya. Abin kunya, har majami'u da yawa sun bi wannan rabuwa.

A 1954 ya kama aikin fasto a Montgomery. Da aka kama Rosa Parks a Disamba 1955 don ta ƙi tashi wa Bature daga kujerar bas, sai baƙaƙe suka ƙaurace wa bas ɗin kwana 381, King na jagora. Cikin Janairu 1956 aka jefa bam a gidansa, matarsa da jaririyarsu suna ciki. Jama'a suka taru a fusace, wasu da makamai, shi kuwa ya fito ya roƙe su su koma gida, kada a rama. 'Yan'uwa na Kankara, Faskari da Sabuwa, da suka san kwana cikin fargaba, sun san nauyin irin wannan roƙo. Wannan hanya ta kai ga dokar 'yancin jama'a ta 1964 da ta 'yancin zaɓe ta 1965.

Idonsa yana kan Afirka ma. Ya halarci bikin 'yancin Gana a 1957, ya zo Legas a Nuwamba 1960 lokacin da aka rantsar da Nnamdi Azikiwe Gwamna Janar.

Gwaji mafi wuya, a ganina, daga abokai ya zo. Ran 4 ga Afrilu 1967, a majami'ar Riverside ta New York, ya soki yaƙin da ƙasarsa ke yi a Biyetnam. Hujjarsa ita ce kuɗin taimakon matalauta na tafiya fagen daga, kuma ba zai hana matasan unguwa tashin hankali ba alhali ya kame baki a kan na gwamnati. Manyan jaridu suka yi masa ca, wasu abokan gwagwarmayarsa suka ce ya bar harkar ƙasashen waje, dangantakarsa da Shugaba Johnson ta lalace. Bai janye ba.

Shekara guda cif bayan wannan jawabi aka harbe shi a Memphis, inda ya je goyon bayan masu kwashe shara da ke yajin aiki. Shekarunsa 39.