Jean Rouch: Baturen da masunta suka gyara wa fim

A farkon shekarun 1950, wani Bafaranshe ya koma garin Ayoru da ke gaɓar kogin Neja, ya nuna wa masuntan Sarkawa fim ɗin da ya ɗauka na farautar dorinarsu. Suka kalla, sannan suka fito masa da kuskurensa: kiɗan da ya ɗora a kan farautar bai dace ba, domin a saninsu kiɗa yana ƙara wa dorina ƙarfin zuciya. Jean Rouch ya karɓi gyaran. Daga nan ya mayar da shi al'ada, ya riƙa kai wa mutane hotunansu su yanke hukunci a kai.

An haife shi a Paris a 1917. Ya iso Yamai a 1941 a matsayin injiniyan hanyoyi na gwamnatin mulkin mallaka, a zamanin da aikin tilas ke gina hanyoyin. Tsawa ta kashe wasu daga cikin leburorinsa, kakar abokinsa Damouré Zika kuma ta jagoranci tsarkin da al'adar Sanwai ta tanada. Abin da ya gani ranar ne ya karkata shi daga siminti zuwa kyamara.

Ya yi finafinai sama da 100, yawancinsu a Afirka ta Yamma. Ya bi matasan Nijar masu zuwa ci-rani Gwalkwas da Abijan, ya bar su suna ba da labarinsu da bakinsu. Ɗaya daga cikinsu, Oumarou Ganda, ɗan dako a tashar jiragen ruwa kuma tsohon sojan Faransa, ya zama mai shirya fim na kansa, har ya ci babbar kyautar FESPACO a 1972. A Mali kuwa, Rouch ya shafe shekara bakwai daga 1967 yana bin bikin Sigui na Dogon, wanda ake yi sau ɗaya a shekara 60.

Sai dai bai tsira daga zargi ba, kuma zargin yana da tushe. Fim ɗinsa na 1955 kan 'yan Hauka a Akara, waɗanda iskokinsu ke hawa cikin siffar gwamna da hafsoshin Turawa, ya fusata ɓangare biyu. Hukumomin Ingila sun hana nuna shi. 'Yan bokon Afirka kuma sun ga cewa bakin da ke kumfa da naman karen da aka ci za su ƙara wa Turawa raini kawai. Ousmane Sembène na Senegal ya faɗa masa ido da ido cewa irin wannan kallo tamkar nazarin ƙwari ne. Gaskiya ne masunta sun gyara kiɗa, amma kyamarar da ɗakin tace fim ɗin suna hannun baƙo.

Ya rasu ranar 18 ga Fabrairu, 2004, a hatsarin mota kusa da Birnin Konni, yana da shekara 86. A Yamai aka binne shi.