Imam Gazali: Malamin da Ya Tsaya Ya Binciki Iliminsa



Da wuya a sami ajin da babu mai suna Gazali a makarantar nan, ko a ce babu wanda yake da ɗan uwa mai wannan suna. Amma kaɗan ne daga cikinmu suka san tarihin mutumin da aka aro sunan daga gare shi. Na zaɓi in kawo tarihinsa a wannan fitowa ne saboda tambayar da ta hana shi barci ita ce ta kamata ta dame mu, musamman mu da muke dab da karɓar takarda mu fita: mene ne ilimi, iri nawa ne, kuma ta yaya mutum zai tabbatar cewa abin da yake kansa ilimi ne na gaske?

Sunansa Abu Hamid Muhammad ɗan Muhammad al-Gazali. An haife shi a shekarar 1058 Miladiyya, daidai da 450 Hijira, a garin Ɗus da ke yankin Khurasan, kusa da birnin Mashhad na ƙasar Iran ta yau. Masu tarihi sun ce mahaifinsa talaka ne mai sana'ar kaɗin ulu, kuma ya rasu 'ya'yansa biyu, Muhammad da Ahmad, suna ƙanana. Ya bar su a hannun wani abokinsa sufi tare da 'yar dukiyar da ya tara. Da guzurin ya ƙare, sai mutumin ya ba su shawara su shiga makaranta, domin a can ana ciyar da ɗalibai. Ka ga ke nan, wanda daga baya aka yi wa laƙabi da Hujjatul Islam, neman abinci yana cikin abin da ya fara kai shi aji. Duk wanda yake karatu a nan da gari da ƙuli-ƙuli, kada ya raina kansa.

Bayan ya fara fiƙihu a Ɗus, ya tafi Jurjan ƙaro karatu. Akwai labarin da marubuta tarihinsa suke kawowa game da dawowarsa. 'Yan fashi sun tare ayarinsu, suka kwashe komai, har da jakar da ya tara rubuce-rubucen darussansa. Ya bi su yana roƙo a mayar masa da takardun, yana cewa duk abin da ya je nema yana cikinsu. Shugaban 'yan fashin ya yi masa dariya, ya nuna masa cewa ilimin da za a iya ƙwace wa mutum a hanya bai zama nasa ba tukuna. Ya mayar masa da jakar. Gazali ya koma gida ya shafe shekara uku yana maimaita abin da ya rubuta har ya zauna masa a ka. Yau jakar tamu ita ce waya. In ta faɗa ruwa ana saura kwana biyu jarrabawa, me zai rage wa yawancinmu?

Daga nan ya wuce Naisabur, wajen babban malamin zamanin, Imamul Haramaini al-Juwaini, ya zauna da shi har malamin ya rasu a 1085. Sai ya shiga majalisar Nizamul Mulk, wazirin daular Saljuƙawa, inda malamai suke taruwa ana muhawara. Ya yi fice ƙwarai, har a 1091 wazirin ya naɗa shi babban malami a makarantar Nizamiyya ta Bagadaza, yana da shekara talatin da uku. Ɗalibai kusan 300 ne suke zama a gabansa. A ma'aunin duniya ya gama samu: kujera, albashi, suna, da shiga fadar halifa.

Sai dai tun yana matashi akwai abin da yake ci masa rai. Ya ba da labarin da kansa a littafinsa al-Munƙiz minad Dalal. Ya lura cewa yara suna tashi ne a kan abin da suka tarar da iyayensu suna yi, ba tare da bincike ba. Wannan shi ne nau'in sani na farko, wato taƙlidi, sanin da aka karɓa daga bakin wani. Ya ga cewa wannan bai isa a kira shi yaƙini ba. A wurinsa, ilimi na haƙiƙa shi ne wanda abu zai bayyana ga mutum ta yadda babu sauran shakka, kuma babu yiwuwar kuskure. Ya ba da misali da sanin cewa goma ta fi uku: ko wani zai mayar da sanda maciji a gabanka don ya musanta haka, za ka yi mamakin aikinsa, amma lissafinka ba zai canja ba.

Da wannan ma'auni ya fara gwada abin da ya sani. Ya fara da gaɓoɓi, musamman ido. Ido yana kallon inuwa ya ce a tsaye take, amma bayan sa'a guda ka ga ta matsa, ashe tafiya take yi a hankali. Ido yana ganin tauraro ƙarami kamar tsabar kuɗi, alhali lissafi ya nuna ya fi duniya girma. To hankali ya ƙaryata ido. Sai ya sake tambaya: in hankali ya kama ido da kuskure, wa ya tabbatar babu wani alƙali a saman hankali da zai kama shi shi ma? Mai mafarki yana gaskata duk abin da yake gani har sai ya farka. Kusan wata biyu ya yi cikin wannan hali na shakka. Ya ce abin da ya fitar da shi haske ne da Allah Ya jefa a ƙirjinsa, wanda ya dawo masa da amincewa da tushen hankali, domin ba a iya kafa hujja sai da waɗannan tushe, su kuma ba a kafa musu hujja da wani abu.

Bayan ya warke, ya kasa masu neman gaskiya a zamaninsa gida huɗu: malaman ilimin kalam, Baɗiniyya masu cewa sani sai ta bakin imami ma'asumi, masana falsafa, da sufaye. Abin da ya fi burge ni a nan shi ne ƙa'idar da ya ɗora wa kansa, cewa ba zai soki wani fanni ba sai ya san shi kamar masu shi. Ya shafe ƙasa da shekara biyu yana karanta falsafa a ɗan lokacin da koyarwa ta bar masa, ya ƙara kusan shekara yana juya ta a ransa. Ya rubuta Maƙasidul Falasifa, inda ya bayyana ra'ayoyinsu, kuma ya rubuta Tahafutul Falasifa, inda ya yi musu raddi a mas'aloli ashirin, uku daga ciki ya ce sun fita daga addini. Ku kwatanta wannan da musun da muke yi a ɗakin kwana, inda mutum zai yi fata-fata da littafin da ko bangonsa bai taɓa gani ba.

Kuma bai yi wa ilimin falsafa kuɗin goro ba. Ya rarraba shi: lissafi, manɗiƙ, ilimin halittu, ilahiyyat, siyasa da ɗabi'u. Ya ce lissafi hujjojinsa tabbatattu ne, ba ya karo da addini. Ya yi gargaɗi a kan mutum biyu. Na farko shi ne wanda ƙwarewar masana a lissafi za ta ruɗe shi ya bi su a komai, alhali gwani a fanni ɗaya yana iya zama jahili a wani. Na biyu shi ne mai son addini da jahilci, wanda zai ƙaryata lissafin kusufin rana da na wata yana zaton kare addini yake yi, alhali cutar da shi yake yi. Duka mutanen nan biyu muna da su a harabar nan.

A shekarar 1095 sai babbar jarrabawa ta zo. Ya duba niyyarsa ta koyarwa, ya ga neman suna da matsayi ne suka fi yawa a ciki. Ya kuma fahimci cewa abin da sufaye suke magana a kai ba a samunsa da karatu kaɗai, sai da ɗanɗano da aiki. Akwai bambanci tsakanin sanin ma'anar lafiya da kasancewa lafiyayye. Likita yana iya lissafa sharuɗɗan lafiya alhali shi kansa yana kwance. Wata shida yana kai-kawo tsakanin tafiya da zama, har harshensa ya ɗaure ya kasa ba da darasi, abinci ma ya gagare shi. Likitoci suka ce ciwon daga zuciya yake. A ƙarshen shekarar ya raba dukiyarsa, ya bar wa iyalinsa abin da zai ishe su, ya nuna kamar Makka za shi, ya fice daga Bagadaza. Ƙaninsa Ahmad ya riƙe masa kujerar. Ya zauna a Dimashƙa yana keɓewa a masallacin Umayyawa, ya je Baitul Maƙdis, ya ziyarci kabarin Annabi Ibrahim (AS), ya yi aikin Hajji, daga baya ya koma Ɗus.

A waɗannan shekaru ne ya rubuta Ihya'u Ulumid Din, littafi mai kashi huɗu, kowane kashi da littattafai goma, kuma na farkonsu duka shi ne littafin ilimi. Wannan ne ya fi shafar mu 'yan kwalejin kimiyya da fasaha. Ya raba ilimi zuwa farilla ta kowa da kowa, wato abin da mutum yake buƙata don gyara imaninsa da ibadarsa da mu'amalarsa, da kuma farillar da in wasu suka ɗauke ta sauka a kan saura, in kowa ya bari kuma duk gari ya yi laifi. A kashi na biyu ya sa likitanci da lissafi, ya kuma sa sana'o'i irin su noma da saƙa, har da ɗinki da ƙaho. Ya lissafa noma, saƙa, gini da shugabanci a matsayin ginshiƙan zaman duniya, ƙira kuma tana yi musu hidima. Ya koka da yadda za ka sami gari cike da masu zurfafa muhawarar fiƙihu amma babu likita Musulmi ko ɗaya, kuma ya danganta hakan da cewa likitanci ba ya kai mutum ga kujerar alƙalanci ko riƙon dukiyar waƙafi. Ya kuma ware ilimin da ya kira abin zargi, kamar sihiri da tsafi, saboda cutarwarsa.

Mun san yadda ake fifita mai digiri a kan mai babbar difloma wajen ɗaukar aiki da ƙarin girma, har wasunmu suna jin kunyar faɗin inda suke karatu. Haƙƙinmu ne mu ci gaba da neman a gyara wannan. Amma ni dai tarihin nan ya nuna mini cewa fiye da shekara 900 da suka wuce, ɗaya daga cikin manyan malaman Musulunci ya ɗauki aikin hannu a matsayin wajibin al'umma. Mai karanta gini, da mai haɗa wutar lantarki, da mai gwajin jini, duk suna sauke nauyin da ke kan garinsu ne. Sai dai wannan daraja tana da sharaɗi, shi ne a iya aikin. Wanda ya sayi furojet, ko ya sa aka cike masa littafin koyon aiki yana kwance a gida, ya fita da takarda amma bai ɗauke wa kowa farilla ba. Ranar da ginin da ya sa wa hannu ya rufta, takardar ba za ta tare kowa ba.

Gazali bai tsira daga suka ba. An ƙona Ihya a Ƙurɗuba a zamanin Murabiɗai. Malaman hadisi sun nuna cewa akwai hadisai masu rauni a cikinsa, har Hafiz al-Iraƙi ya bi su ɗaya bayan ɗaya yana bayyana matsayinsu. Ibn Rushd na Andalus ya mayar masa da martani da Tahafutut Tahafut. Wasu marubuta na baya-bayan nan ma suna ɗora masa laifin durƙushewar kimiyya a ƙasashen Musulmi. Ni ban gamsu da wannan zargi na ƙarshe ba, domin bayan rasuwarsa ne aka gina cibiyar nazarin taurari ta Maraga a 1259, kuma a ƙarni na 13 ne Ibnun Nafis ya bayyana yadda jini yake bi ta huhu. A nan ƙasar Hausa kuwa, an daɗe ana karanta littattafansa a zaure, kuma Shehu Usmanu ɗan Fodiyo yana kafa hujja da shi a rubuce-rubucensa.

A 1106, bayan kimanin shekara goma sha ɗaya da barin Bagadaza, waziri Fakhrul Mulk ɗan Nizamul Mulk ya matsa masa ya koma koyarwa a Nizamiyya ta Naisabur. Ya koma, yana mai bayyana cewa niyyarsa ta yanzu daban take da ta da. Bai daɗe ba ya sake komawa Ɗus, ya ci gaba da karantar da ɗalibai a kusa da gidansa, har ya rasu a watan Disamba na 1111, daidai da 505 Hijira, yana da shekara hamsin da uku.

Shawarata ga 'yan uwana, musamman masu shigowa, ita ce kowa ya ɗauki kwas ɗaya na wannan zango ya tantance shi tsakaninsa da Allah. Wanne ne na ji kawai daga bakin malami? Wanne na gani da idona a ɗakin gwaji? Wanne zan iya kafa wa hujja ba tare da duba takarda ba? Wanne hannuna ya taɓa yi? Abin da ya tsaya a tambayar farko kaɗai, a koma masa tun kafin jarrabawa ta zo.

Allah Ya jiƙan Imam Gazali, Ya ba mu ilimi mai amfani, Ya sa mu gama lafiya. Amin.