Raúl Prebisch: ma'aikacin babban banki da ya bayyana abin da ke hana ɗanyen kaya arzurta masu shi

Duk lokacin da shugabannin Afirka suka koka a wajen taro cewa nahiyar na sayar da ɗanyen kaya da araha, tana sayen wanda aka sarrafa da tsada, suna maimaita bayanin da wani ɗan ƙasar Ajantina ya shimfiɗa ne tun 1949. Sunansa Raúl Prebisch. Shi ne babban daraktan farko na babban bankin ƙasarsa, shi ne kuma sakatare janar na farko na CNUCED, hukumar Majalisar Ɗinkin Duniya mai kula da kasuwanci da ci gaba. Abin da ya koya wa duniya a wurin aiki ya samo shi, a shekarun da ya riƙe baitulmalin ƙasar da rayuwarta ta rataya a kan farashin alkama da nama.

An haife shi ranar 17 ga Afrilun 1901 a garin Tucumán da ke arewacin Ajantina. Mahaifinsa Bajamushe ne da ya yi ƙaura zuwa ƙasar, mahaifiyarsa kuma ƴar wani tsohon gida ne na yankin. A 1918 ya shiga Jami'ar Buenos Aires, babban birnin ƙasar, don karatun tattalin arziki, daga bisani ya koyar a can har zuwa 1948. Aikinsa na farko na ƙididdiga ne: ya yi wa ƙungiyar manyan makiyaya lissafin cinikin nama, ya yi aiki a ofishin ƙididdiga na ƙasa, sannan ya shugabanci sashen bincike na bankin gwamnati.

A wancan zamani Ajantina na cikin ƙasashe masu arziki a duniya. Tana tura alkama da masara da naman shanu zuwa Turai, musamman Ingila, tana sayo injuna da tufafi da kwal. Abin da ake koyarwa a jami'a shi ne kowace ƙasa ta tsaya a kan abin da ta fi iyawa, kasuwa za ta raba riba daidai tsakanin kowa. Prebisch ya yarda da wannan koyarwa, kuma da ita ya fara aiki.

Faɗuwar kasuwar duniya ta 1929 ce ta girgiza masa wannan imani. Farashin hatsi ya rushe, zinare ya dinga ficewa daga ƙasar, har gwamnati ta dakatar da musayar takardar kuɗi da zinare a watan Disambar wannan shekara. A Satumbar 1930 sojoji suka yi juyin mulki, sabuwar gwamnati ta naɗa Prebisch mataimakin ministan kuɗi yana da shekara 29. Da farko ya bi maganin da aka saba: rage kashe kuɗin gwamnati da ƙara haraji. A wannan lokaci ne aka shigo da harajin kuɗin shiga, aka kuma sa takunkumi a kan canjin kuɗaɗen waje a 1931. Duk da haka manomi ya ci gaba da noma fiye da da, yana samun ƙasa da da.

A 1933 ya raka tawagar ƙasarsa zuwa Landan a matsayin mai ba da shawara. Ingila ta riga ta yanke shawarar fifita kayan ƙasashen da ke ƙarƙashin daularta, abin da ke nufin naman Ajantina zai rasa babbar kasuwarsa. Yarjejeniyar da aka sa wa hannu, wadda ake kira Roca-Runciman, ta bar ƙofar kasuwar a buɗe, amma da tsada: kashi 85 cikin 100 na naman da za a fitar sai ta hannun kamfanonin ƙasashen waje, kuma kuɗin da aka samu daga Ingila akasari can za su koma. Ƴan kishin ƙasa sun ɗauki yarjejeniyar a matsayin wulaƙanci, kuma tabonta ya bi Prebisch har ƙarshen rayuwarsa. Shi kuwa abin da ya gani a Landan shi ne mai saye guda ɗaya mai ƙarfi na iya gindaya wa mai sayarwa duk sharaɗin da ya ga dama.

A 1935 aka kafa babban bankin Ajantina. Wani jami'in Bankin Ingila, Otto Niemeyer, ya ba da nasa tsarin tun da farko, amma Prebisch da ministan kuɗi Federico Pinedo sun sauya shi don ya dace da ƙasar da ke rayuwa da amfanin gona. Aka ba bankin ikon duba littattafan sauran bankuna, aka kuma kafa wata hukuma ta musamman da ta karɓi basussukan da suka maƙale don kada bankunan su durƙushe. Prebisch ya zama babban darakta yana da shekara 34.

Dabarar da ya bi za ta yi wa duk wanda ya san rumbun tsimi sauƙin fahimta. A shekarar da damina ta yi kyau kuma farashi ya tashi, kuɗin waje na kwararowa, bankuna na sakin bashi, jama'a na sayen kayan waje ba ƙaƙƙautawa. Da farashi ya faɗi sai komai ya tsaya cak. Bankin Prebisch ya riƙa sayar wa bankuna takardun lamuni a shekarun yalwa don ya janye rarar kuɗi daga kasuwa, yana tara ajiyar kuɗin waje. Da amfanin gona ya lalace a kakar 1937 zuwa 1938, masu jari kuma suka fara kwashe kuɗinsu, sai bankin ya buɗe rumbun. Tun kafin haka gwamnati na sayen kuɗin waje daga masu fitar da kaya a kan wani farashi, tana sayar wa masu shigo da kaya a kan wanda ya ɗara shi, tana amfani da ribar wajen tallafa wa farashin hatsin manoma. Yayin da akasarin ƙasashen Latin Amurka suka daina biyan bashin waje a shekarun 1930, gwamnatin Ajantina ta ci gaba da biyan nata.

Wannan bai cece shi ba. A Yunin 1943 sojoji suka sake karɓe mulki, kuma a watan Oktoba suka sallame shi, suna kallonsa a matsayin mutumin tsohuwar gwamnati da Turawan Ingila. Ya shafe shekaru yana ba manyan bankunan Mekziko da Faragwai da Benezuwela shawara, ya wallafa littafi a kan tunanin masanin Ingila John Maynard Keynes a 1947. A ƙarƙashin mulkin Juan Perón ya rasa kujerarsa ta jami'a. An yi masa tayin babban muƙami a asusun FMI, amma maganar ta rushe bayan Amurka ta janye goyon bayanta.

Daga nan ne ya tafi birnin Santiago na ƙasar Cile, inda Majalisar Ɗinkin Duniya ta kafa CEPAL, hukumar tattalin arziki ta Latin Amurka. An ɗauke shi aikin ƴan watanni don ya rubuta rahoto. Rahoton da ya gabatar a birnin Habana na Kuba a 1949 shi ya sauya rayuwarsa. Ya dogara da alƙaluman cinikin Ingila tun daga shekarun 1870, waɗanda wani ma'aikacin Majalisar, Hans Singer, ya tattara. Alƙaluman sun nuna cewa ɗanyen kayan da a da ke sayen kayan masana'anta guda 100, a shekarun 1930 abin da yake saye bai kai kashi biyu cikin uku na haka ba.

Prebisch ya raba duniya gida biyu: cibiya, wato ƙasashe masu masana'antu, da gefe, wato masu fitar da amfanin gona da ma'adinai. Ya kawo dalilai biyu. Na farko, idan samun mutum ya ninka ba ya ninka abincin da yake ci, ƙarin kuɗin a kan mota da rediyo da tufafi yake tafiya, don haka buƙatar kayan masana'anta ta fi ta ɗanyen kaya saurin girma. Na biyu, idan sabon inji ya sauƙaƙa aiki a Turai ko Amurka, ƙungiyoyin ƙwadago da manyan kamfanoni na riƙe ribar a matsayin albashi da riba. Idan kuwa manomin gefe ya ƙara yawan amfaninsa, babu mai kare shi, ga masu neman aiki birjik, sai farashi ya faɗi, mai saye na waje ya ci moriyar. Wannan bayani shi ake kira hasashen Prebisch da Singer.

Maganin da ya bayar shi ne ƙasashen gefe su kafa masana'antu, su riƙa yin wasu daga cikin kayan da suke sayowa, gwamnati ta kare sabbin masana'antun da harajin duwan na ɗan lokaci, ƙasashe maƙwabta kuma su haɗa kasuwanninsu don ƙaramar kasuwa ba ta ɗaukar babbar masana'anta. Ya shugabanci CEPAL daga 1950 zuwa 1963. A 1951 Amurka ta nemi a rufe hukumar, amma Birazil da Mekziko da Cile suka tsaya mata. Matasan masana irin su Celso Furtado na Birazil sun yi aiki a ƙarƙashinsa, kuma hukumar ta taka rawa wajen yarjejeniyoyin kasuwar bai ɗaya da aka ƙulla a yankin a 1960.

A gida kuwa bai taɓa samun karɓuwa ba. Bayan kifar da Perón a 1955, sabuwar gwamnatin soja ta kira shi ya duba tattalin arziki. Ya ba da shawarar a rage darajar kuɗi, a yaƙi hauhawar farashi, a shiga FMI, kuma ƙasar ta shiga a 1956. Magoya bayan Perón suka ce ya dawo da mulkin mallaka ta bayan gida. Haka ya zauna a tsakiya: a Washington ana zarginsa da ra'ayin gurguzu, a Buenos Aires ana kiransa yaron masu jarin waje.

Da ƙasashen Afirka da Asiya suka samu ƴancin kai, sai koken Latin Amurka ya zama na kowa. A 1964 aka yi taron farko na CNUCED a birnin Jeneba ƙarƙashin jagorancin Prebisch, daga watan Maris zuwa Yuni. A ƙarshen taron ƙasashe 77 masu tasowa, ciki har da Nijar, suka fitar da sanarwar haɗin gwiwa, wadda ita ce asalin rukunin G77. Ya nemi a ƙulla yarjejeniyoyin daidaita farashin ɗanyen kaya, a ƙara tallafi, a kuma rage harajin duwan a kan kayan da ƙasashe matalauta suka sarrafa. A taro na biyu a New Delhi a 1968 an amince da batun rangwamen harajin, Tarayyar Kasuwar Turai ta fara aiki da shi a 1971. Sauran buƙatun akasari ba su samu shiga ba. Ya ajiye muƙamin a 1969 yana mai takaicin taurin kan ƙasashe masu arziki, da kuma yadda shugabannin ƙasashe masu tasowa ke neman gyara a waje ba tare da sun gyara gida ba.

Tunaninsa ya sha suka tun yana raye. Masana irin su Jacob Viner da Gottfried Haberler sun ce alƙaluman Ingila ba su yi la'akari da sauƙin kuɗin jirgin ruwa da ƙaruwar ingancin kayan masana'anta ba. A ƙasashe da dama kariyar ɗan lokaci ta zama ta dindindin, masana'antu suka riƙa yin kaya masu tsada marasa inganci, manomi ne ke biya. Koriya ta Kudu da Taiwan, waɗanda suka tura masana'antunsu gasa a kasuwar duniya, sun wuce Latin Amurka. Sai dai Prebisch da kansa ya fara gargaɗi a kan kariyar da ta wuce kima tun farkon shekarun 1960, yana kira da a fitar da kayan masana'anta waje. A shekarun 1970 kuma ya gargaɗi gwamnatoci a kan cin bashin bankunan waje da almubazzarancin masu hali, kafin rikicin bashi ya ɓarke a 1982.

Nijar ta ɗanɗana abin da ya bayyana. Gyaɗa ce ta riƙe ƙasar har farkon shekarun 1970. Daga nan uranium, wanda aka fara haƙowa a Arlit a 1971, ya karɓi ragama, kuɗi suka shigo, aka yi gine-gine, aka ci bashi. Da farashinsa ya faɗi a farkon shekarun 1980, ƙasar ta nufi FMI a 1983. Darussan Prebisch guda biyu, tara ajiya a shekarar yalwa da sarrafa kaya kafin a fitar da shi, su ne har yanzu ake tattaunawa a kansu a Yamai duk lokacin da aka zo batun uranium da man fetur da albasa da dabbobi.

Ya kafa mujallar CEPAL a 1976, ya ci gaba da shirya ta har ƙarshen rayuwarsa. Da mulkin farar hula ya dawo Ajantina a 1983, shugaba Raúl Alfonsín ya ɗauke shi mai ba da shawara, shekaru 40 bayan korarsa daga babban banki, kuma a nan ma shawararsa ta yaƙi da hauhawar farashi ta jawo masa suka. Ya yi jawabinsa na ƙarshe a taron CEPAL a birnin Mekziko cikin Afrilun 1986. Kwanaki kaɗan bayan haka, ranar 29 ga watan, ya rasu a Cile yana da shekara 85.