IDA B. WELLS: MALAMAR DA TA ƘI YARDA DA JITA-JITA

Yau zan ba ku labarin wata baƙar mace 'yar ƙasar Amurka mai suna Ida B. Wells, wadda ta rasu tun shekarar 1931, amma har yanzu sunanta bai ɓace ba. Ku kuma 'yan mata da ke makaranta sai ku buɗe kunne, don da alli da allo ta fara.

An haifi Ida ran 16 ga watan Yuli, 1862, a garin Holly Springs cikin jihar Misisipi. A cikin bauta aka haife ta, domin ba a gama soke bauta a Amurka ba sai 1865. Mahaifinta kafinta ne, mahaifiyarta kuwa kuku ce, kuma dukansu sun dage 'ya'yansu su yi karatu. A shekarar 1878 annobar zazzaɓin shawara ta faɗa wa garinsu, ta ɗauke uwa da uba da ƙaramin ƙanenta. A lokacin shekararta 16. Aka yi shawarar a rarraba ƙannenta biyar gida-gida, ita kuwa ta ƙi. Ta nemi aikin malanta a wata makarantar ƙauye, tana koyarwa cikin mako, ƙarshen mako ta dawo gida ta yi wanki da girki.

Daga baya ta koma birnin Memfis ta ci gaba da koyarwa. Wata rana tana cikin jirgin ƙasa da tikitinta na babban tarago, sai mai duba tikiti ya ce ta tashi ta koma inda ake tura baƙaƙe. Ta ƙi. Da ya kama ta sai ta gantsara masa cizo a hannu, sai da maza uku suka taru kafin su fitar da ita. Ta kai ƙarar kamfanin jirgin, a 1884 kotu ta ba ta diyyar dala 500, amma a 1887 babbar kotun jihar ta rushe hukuncin. Wannan ya sa ta riƙi alƙalami sosai, har ta sayi kaso a wata jaridar baƙaƙe mai suna Free Speech. A 1891 aka sallame ta daga malanta saboda ta rubuta irin lalacewar da makarantun 'ya'yan baƙaƙe ke ciki.

To, babban abin da ya juya rayuwarta ya faru ne a 1892. Akwai wani aminin gidansu, Thomas Moss, mai raba wasiƙu, wanda shi da abokansa suka buɗe kantin kayan masarufi. Kantin ya yi ciniki har ya janye masu saye daga kantin wani Bature da ke kusa. Faɗan yara wajen wasa ya zama na manya, aka zo da makamai cikin dare, aka yi harbe-harbe, aka kulle baƙaƙen. Ran 9 ga watan Maris wani gungun Turawa suka fitar da Moss da Calvin McDowell da Will Stewart daga kurkuku, suka harbe su a bayan gari. Ba a hukunta kowa ba.

Irin wannan kisan gilla na taron jama'a ba sabon abu ba ne a kudancin Amurka a wancan zamani. Abin da ake yaɗawa kullum shi ne wai baƙaƙen da ake kashewa sun yi wa matan Turawa fyaɗe ne, kuma mutane da yawa, har da wasu baƙaƙen, sun ɗauka haka ne. Amma Ida ta san Moss, ta san iyalinsa, ta san laifinsa bai wuce samun kasuwa ba. Sai ta ɗaura ɗamarar bincike. Ta riƙa zuwa inda aka yi kisa tana tambayar mutane, ta kuma tattara lissafin da jaridun Turawan da kansu suka buga, don kada wani ya ce ƙirƙira ta yi. Ta gano cewa waɗanda aka ko zarga da fyaɗe ba su wuce kashi ɗaya cikin uku ba. Sauran kuwa an kashe su ne a kan zargi iri-iri, wani ma don ya yi gardama da Bature kawai. Manufar ita ce a tsorata baƙaƙe kada su ɗaga kai.

Gaskiya ɗaci gare ta. A watan Mayu na shekarar, tana kan tafiya, aka far wa ofishin jaridarta aka farfasa kayan aiki, aka kuma yi barazanar kashe ta in ta dawo. Ba ta koma ba, kuma ba ta yi shiru ba. Ta buga ƙaramin littafi a 1892 da wani a 1895, ta je Ingila sau biyu, a 1893 da 1894, tana bayyana wa jama'a abin da ke faruwa.

Ku matan aure, kada ku zaci aure ya tsayar da ita. A 1895 ta auri wani lauya, Ferdinand Barnett, a birnin Shikago, suka haifi 'ya'ya huɗu, wani lokaci da jinjirinta take zuwa taro. Tana cikin waɗanda suka kafa ƙungiyar kare haƙƙin baƙaƙe ta NAACP a 1909. A 1913, wajen jerin gwanon mata masu neman 'yancin jefa ƙuri'a a Washington, aka ce baƙaƙen mata su koma baya, ita kuwa ta shiga sahun matan jiharta ta yi tafiyarta.

Ta rasu ran 25 ga watan Maris, 1931, tana da shekara 68, ba ta ga dokar da ta yi ta nema ba. Sai a 2022 Amurka ta yi dokar tarayya a kan irin wannan kisa, bayan an karrama Ida da lambar yabo ta Pulitzer a 2020.

'Yan'uwa, ƙaryar da ta ci rayuka a zamanin Ida daga baki zuwa baki ta yi ta yawo. In aka kawo miki labarin cewa mutanen wata ƙabila sun yi kaza, kafin ki kai wa maƙwabciya ko ki faɗa a gaban 'ya'yanki, tambayi wanda ya gani da idonsa, da inda aka yi, da ranar da aka yi. Sai mun sake saduwa a wannan fili.