Olikoye Ransome-Kuti: Ministan da ya ambaci sunan cutar da ta kashe ƙaninsa

Ranar 3 ga Agustan 1997, kwana guda bayan rasuwar mawaƙi Fela Anikulapo-Kuti, yayansa Farfesa Olikoye Ransome-Kuti ya zauna gaban 'yan jarida a Legas ya shaida wa duniya cewa ƙanjamau ce ta yi ajalin ƙaninsa. A wancan zamani, iyalan da cutar ta ɗauke wa wani sukan ce gajeriyar rashin lafiya ce, su ja bakinsu su yi shiru don rufin asiri. Shi kansa Fela ya sha musanta samuwar cutar, kuma wasu masoyansa sun ƙi yarda da sanarwar. Olikoye bai janye ba.

An haife shi ranar 30 ga Disamban 1927 a Ijebu Ode. Mahaifinsa, Israel Ransome-Kuti, limamin coci ne kuma malamin makaranta. Mahaifiyarsa, Funmilayo, ita ce ta jagoranci matan Abekuta wajen yaƙi da harajin da aka ɗora musu. Ya karanta likitanci a Dablin ta ƙasar Ayilan, ya ƙware a kan lafiyar yara, har ya zama farfesa a Jami'ar Legas.

A 1985 Janar Ibrahim Babangida ya naɗa shi Ministan Lafiya, ya riƙe muƙamin har 1992. Ya karkata akalar ma'aikatar zuwa kiwon lafiya a matakin farko: rigakafin yara, ruwan gishiri da sukari ga mai gudawa, da shayar da nonon uwa. Manufar lafiya ta ƙasa ta 1988 a hannunsa ta fito. Ƙaramin asibitin da mai juna biyu ke zuwa awo a yau, ko a Khaddamari ta Jere a Borno ko a wani ƙauyen Sakkwato, a kan wannan tubali yake tsaye.

A zamaninsa ne kuma, a 1986, Najeriya ta bayyana samun mai ɗauke da cutar ta farko, yarinya 'yar shekara 13. Mutane da dama sun ce cutar Turawa ce, ba ta shafe mu ba. A matsayinsa na likita, Olikoye ya san abin da shiru ke haifarwa: wanda ke tsoron tsangwama ba ya zuwa gwaji, wanda bai yi gwaji ba kuma yana iya sa wa matarsa, ita kuma ta sa wa jaririnta. Saboda haka da cutar ta shigo gidansu, ya zaɓi ya fara da nasa.

Ya rasu a Landan ranar 1 ga Yunin 2003, shekara guda bayan Gwamnatin Tarayya ta soma raba maganin rage kaifin cutar. Bai ga dokar 2014 ba, wadda ta haramta nuna wa masu ɗauke da cutar wariya, ta kuma hana a sa gwajin ya zama sharaɗin ɗaukar aiki. Binciken ƙasa na 2018 ya ƙiyasta cewa kimanin mutum miliyan 1.9 ke rayuwa da ita a Najeriya. Wasunsu ma'aikata ne a ofisoshin Abuja, suna shan maganinsu a ɓoye don gudun bakin abokan aiki. Dokar tana nan a rubuce, amma aiwatar da ita yana hannun daraktan da fayil ɗin irin wannan ma'aikaci zai sauka a teburinsa.