Malam Aminu Kano da Zaɓen 1979: Ranar da Ƙuri'unmu Suka Ja Hankalin Nijeriya

An haifi Malam Aminu Kano a unguwar Sudawa cikin birnin Kano a shekarar 1920, a gidan malamai da alƙalai. Ya yi karatu a Kwalejin Kaduna, ya koyar a Bauchi da Maru, sannan ya ajiye alli ya rungumi siyasar 'yantar da talaka a ƙarƙashin jam'iyyar NEPU, wadda aka kafa a 1950.

Da sojoji suka ɗage takunkumin siyasa a 1978, Malam ya raba gari da masu shirin kafa NPN, ya jagoranci PRP. A wancan lokaci Birnin Kudu da Gwaram suna cikin tsohuwar Jihar Kano, domin sai a 1991 aka ƙirƙiro Jigawa. Mutanen Birnin Kudu sun tura Alhaji Sule Lamido Majalisar Wakilai a tutar PRP, Alhaji Abubakar Rimi kuma ya zama gwamna.

Mutum biyar suka nemi shugabancin ƙasa ranar 11 ga Agusta, 1979: Shehu Shagari, Obafemi Awolowo, Nnamdi Azikiwe, Waziri Ibrahim da Malam. Doka ta ce sai ɗan takara ya sami kashi 25 cikin ɗari a kashi biyu bisa uku na jihohi 19. Shagari ya cika sharaɗin a jihohi 12, amma a Kano, inda Malam ya kwashe fiye da kashi 70, bai kai kashi 20 ba. Nan rikici ya tashi. Awolowo ya dage cewa jihohi 13 ake bukata. Lauya Richard Akinjide kuwa ya kafa hujjar cewa 12 da biyu bisa uku ne, don haka abin da Shagari ya samu a Kano ya wadatar. Kotun Ƙoli ta tabbatar da nasarar Shagari ranar 26 ga Satumba.

Malam bai hau mulki ba, kuma jam'iyyarsa ta dare gida biyu, Santsi da Taɓo, kafin rasuwarsa ranar 17 ga Afrilu, 1983. Amma ƙuri'un manoman Kano, har da na iyayenmu, su suka kai zaɓen ƙasa gaban alƙalai. 'Yan'uwa mazauna birane, mu riƙe wannan gado, kada nisa ya raba mu da rumfar zaɓe. Allah Ya jiƙan Malam, amin.